Uwargida, Lissafin "Aƙalla" Da Ke Kayar Da Yara Kin Daɗe Da Iya Shi

A ce ku mata 13 ne za ku tashi daga Tudun Jukun zuwa wunin biki a Sabon Gari, kowane keke kuma mutum uku zai ɗauka. Keke nawa za ki tsayar? Ba sai kin ɗauki biro ba, kin san biyar ne, don huɗu za su bar mutum ɗaya a bakin titi. To wannan lissafin ne yake cinye wa yara maki a jarrabawa, har da wadda hukumar NECO ke shirya wa 'yan aji shida masu neman makarantun gwamnatin tarayya, irin Kwalejin 'Yan Mata ta Tarayya da ke nan Zariya.

Ga yadda tambayar kan zo: a wani aji, duk maza 3 akwai mata 5, ɗaliban kuma aƙalla 30 ne. Mene ne mafi ƙarancin yawansu?

Yaro zai haɗa 3 da 5 ya sami 8, ya raba 30 gida 8, sai abin ya ƙi rabuwa. Nan ido ke raina fata. Wani ya rubuta maza 11 da kwata, wani ya koma 24, ya manta an ce aƙalla 30.

Ki ɗauko wake da masara. Wake 3 maza ne, masara 5 mata, ki tara su tsibi ɗaya. Ki ce masa tsibi ba ya gutsuruwa, sai dai a ƙara wani sukutum. Ya riƙa ƙirgawa: 8, 16, 24, 32. A 32 aka fara cika sharaɗi, wato tsibi huɗu: maza 12, mata 20.

Sai ki lura masa da tarko uku.

Na farko, a kan wa aka ɗora sharaɗin? Da cewa aka yi mata ne aƙalla 22, da biyar-biyar zai ƙirga har 25. Tsibi biyar ke nan: maza 15, ajin 40.

Na biyu, "aƙalla" daban, "fiye da" daban. Aƙalla 32, amsar 32 ce. Fiye da 32 kuwa, sai 40.

Na uku, ya fara rage lambobin. In an ba shi 6 da 10, ya mayar da su 3 da 5. In bai yi haka ba aka ce aƙalla 20, zai tsallake 24 ya faɗa kan 32.

Wannan dabara ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Malaman rabon gado da ita suke aiki. Mutum ya rasu ya bar mata ɗaya, ɗa ɗaya da 'ya ɗaya. Matar tana da ɗaya cikin takwas, saura bakwai kuma ba ya rabuwa gida uku, biyu ga namiji, ɗaya ga mace. Sai su ninka 8 sau 3, dukiyar ta zama kaso 24: matar 3, ɗa 14, 'ya 7. Babu ɓari, babu gutsure.

Don haka in ya kawo aikin gida, kada ki ce ke ba ki yi nisa a boko ba. Ki tambaye shi: abin da ake ƙirgawa yana gutsuruwa? Amsarka ta cika sharaɗin?

Ga na gwaji yau bayan sallar isha: a wani gida, duk kaji 4 akwai zabi 3, zabin kuma aƙalla 10 ne. Mene ne mafi ƙarancin yawan kaji da zabin duka? Ki bar shi ya tara tsibinsa da kansa, sannan ki aiko mana da amsarsa.