Kalmomin asusunka, kada su bar hannunka

Samarin Damargu, daga Tanut har Belbeji, ku saurara tun wuri bai ƙure ba. Tun da Pi Network ta buɗe ciniki ranar 20 ga Fabrairu 2025 saƙonni ke yawo a WhatsApp da Facebook, wai ka latsa nan, ka zuba kalmomin sirri 24 na asusunka a sako maka kuɗinka da ke kulle. Ƙarya ce tsagwaronta. Duk wanda ya samu kalmomin nan ya samu asusun. Ko a wace ƙasa yake, zai kwashe komai kafin shayinka ya huce. Kuma abin da ya fita ya fita, babu bankin da za ka kai wa kuka.

Abin da ya fi tayar mini da hankali ma yana nan gabanmu. Ranar kasuwa ka dubi teburin mai caji: wayoyi jere reras, masu su sun tafi cinikin gero da awaki, wasu ko makulli babu, alhali hoton kalmomin na kwance cikin hotunan biki. Haka wajen mai gyara. Ƙanena ya kai tasa aka wanke ta tas, bai taɓa rubuta kalmominsa ba. Na ga yadda ya zauna bakin shagon ya kasa magana. Da suna hannunsa, sabuwar waya kawai zai nema, asusun ya dawo yadda yake.

Abin bai bar Turawa ba. James Howells na Newport a Birtaniya, faifan kwamfutarsa mai ɗauke da makullin bitcoin wajen 8,000 ya tafi juji a 2013, a Janairun 2025 kuma kotu ta yi watsi da ƙararsa ta neman tono shi.

Don Allah yau ɗin nan ka ɗauki biro ka rubuta kalmomin nan a takarda bi da bi, kofi biyu, ka naɗe a leda ka sa a akwatin ƙarfe saboda gara da ruwan damina, sannan ka goge hoton. Mai tafiya Agadas, Jado ko Libiya kada ya haɗa takarda da waya a aljihu ɗaya.

In har ka riga ka ba wani kalmomin, buɗe sabon asusu yanzu ka kwashe abin da ya rage. Ɓarayin za su dawo maka da wata fuska, su ce ka fara biyan wasu ƴan kuɗi su ƙwato maka abin da aka sace. Kada ka tura ko dala.