Baruch Blumberg, Ciwon Hanta Da Awa 24 Na Jariran Runka

A 1957 wani matashin likita ɗan Amurka, Baruch Blumberg, ya zo Najeriya yana ɗibar jinin jama'a. Ba ciwon hanta ya kawo shi ba, so yake ya san me ya sa cuta ke kama wani ta ƙyale wani. Wannan bincike ne ya kai shi ga gano ƙwayar cutar hanta nau'in B a shekarun 1960, sannan shi da Irving Millman suka samar da rigakafinta. Ya samu kyautar Nobel a 1976.

Najeriya ta sa allurar cikin rigakafin yara a 2004. Sai dai ta farko ana so a yi wa jariri cikin awa 24 da haihuwa, domin wanda ya ɗauki cutar daga uwa shi ya fi girma da ita, har ta iya zama ciwon daji.

A Runka da ke ƙaramar hukumar Safana, mata da yawa a gida suke haihuwa, ga fargabar 'yan bindigar Dajin Rugu a hanya. Wani jaririn sai bayan suna ake kai shi asibiti.