Kafin ku saya wa yaro “maganin ƙwaƙwalwa”, ku gwada shi da kalma uku

Duk ƙarshen zangon karatu, da zarar sakamakon jarrabawa ya fito, iyaye kan zo kantin magani neman sirop ɗin da zai “buɗe wa yaro ƙwaƙwalwa”. Kukan kusan ɗaya ne: yaro ya kai aji uku a firamare amma bai iya karanta layi guda ba. A matsayina na mai harhaɗa magunguna nake gaya muku, babu kwalbar da ke koyar da karatu. Bitamin na da amfani ga yaron da jikinsa ya rasa shi, amma ba ya haɗa masa baƙi da wasali.

Ku fara da gwaji a gida. Ku rubuta masa kalmomi uku da ba su da ma'ana, kamar “dimo”, “lafu” da “zeku”. Idan yana zuba littafin ajinsu kamar ruwa amma ya cije a nan, hadda ya yi, ba karatu ba. A Ingila, tun 2012 ake yi wa yara 'yan kimanin shekara shida irin wannan gwajin da kalmomi 40, rabinsu ƙirƙirarru, don a tabbatar yaro na furta abin da ya gani ne, ba cinke yake yi ba.

Hanyar da ake kira foniks ita ce koya wa yaro sautin harafi, sannan yadda zai ja sautukan su zama kalma. Waƙar A-B-C da muke alfahari da ita sunayen haruffa kawai take koyarwa. Yaron da ya san “dabilyu” bai san yadda zai fara furta “wet” ba. Shi ya sa tsarin Jolly Phonics, wanda makarantu da dama a ƙasar nan ke bi, yake farawa da s, a, t, i, p, n maimakon jerin da muka saba. Da waɗannan shida kaɗai yaro zai karanta “sat”, “pin” da “tap” da kansa.

A nan mu Hausawa muke da garaɓasar da ba mu cika lura da ita ba. Turanci na da haruffa 26 da ke ɗauke da sautuka kimanin 44, ga kalmomi irin su “though” da “tough” masu kama a ido, mabambanta a baki. A Hausa kuwa, b da a kullum “ba” ne. Tsarin ma ba baƙo ba ne: a makarantar allo da babbaƙu ake farawa, a wuce farfaru inda wasali ke shigowa. A jihohin Bauci da Sakkwato an yi amfani da littattafan Mu Karanta wajen fara koyar da karatu da Hausa a ƙananan azuzuwa. Ku da ke Legas, Ibadan ko Fatakwal, inda ba a koyar da Hausa a ajin yaro, minti goma bayan Magariba ya isa: ba, bi, bu, sannan “baba”, “bubu”. Wanda ya gane dabarar haɗa sauti a harshen da yake mafarki da shi, zai tafi da ita Turanci.

Sai dai ku nuna masa inda harsunan biyu suka raba hanya. Harafin c na “ciki” ba shi ne na “cat” ba. Yaranmu kan haɗa p da f, su mai da “pan” ta zama “fan”. Kada kuma ku yi wasa da haruffa masu lanƙwasa. “Baki” daban, “baƙi” daban.

Yanzu ɓangaren da ya fi damuna. Yaron da ba ya jin bambancin sauti ba zai iya haɗa shi ba. Bayan mura, ruwa kan taru a bayan fatar dodon kunne, sau da yawa ba tare da ciwo ba, ji ya ragu na tsawon makonni. Idan yana ƙure ƙarar talabijin, ko yana yawan cewa “na'am?”, a kai shi asibiti a duba kunnen kafin a kira shi daƙiƙi. Ƙyanda da sanƙarau na iya taɓa ji, haka ma allurar gentamicin idan aka yi ta barkatai. A duba idonsa kuma.

Ku karanta jikin kwalaben da ke gida. Sirop na mura mai ɗauke da chlorpheniramine, da na ƙara cin abinci mai cyproheptadine, duk suna sa gyangyaɗi. Yaron da aka ɗura wa da safe zai yini a aji ido biyu, hankali na barci. Idan kunne da ido lafiya, an kuma yi watanni ana koyar da shi sautuka kullum amma har yanzu yana kasa haɗa su, ku nemi likitan yara ya duba ko matsalar karatu ce da ake kira disileksiya, ku kuma tafi masa da littafin aikin yaron.