Aya Sofiya: ginin da ya girmi hasumiyoyinsa da shekara ɗari tara

Aya Sofiya tana tsaye ne a tsohon birnin Santambul na ƙasar Turkiyya, a kan tudun da ke kallon mashigin ruwan Bosforus. Tun da kotun ƙoli mai kula da harkokin mulki ta Turkiyya ta soke matsayinta na gidan tarihi a ranar 10 ga Yuli 2020, aka kuma yi sallar Juma'a a cikinta ranar 24 ga watan, gardama a kanta ba ta lafa ba. Mafi yawan masu gardamar sun ga hotonta ne kawai: ƙubba babba, hasumiya huɗu. Daga nan wasu suka yanke cewa masallaci ne tun asali, Turawa suka ƙwace, yanzu aka dawo da shi hannun masu shi. Wannan magana ba ta da tushe. An gama ginin a shekarar 537, fiye da shekara talatin kafin haihuwar Manzon Allah (SAW), kuma an gina shi ne a matsayin babban cocin birnin Ƙustantiniya, wato Santambul ta yau, hedikwatar Daular Rumawa ta Gabas.

Ginin da ake gani yau shi ne na uku a wurin. An buɗe na farko a 360, ya ƙone a tarzomar 404. Sarki Tiyodosiyus na Biyu ya buɗe na biyu a 415, shi ma wuta ta cinye shi a watan Janairun 532, lokacin boren Nika, sa'ad da magoya bayan ƙungiyoyin tseren keken doki suka haɗa kai suka nemi tuɓe Sarki Justiniyan. Sarkin ya murƙushe boren da kisan mutum kusan 30,000 a filin tseren, kuma tun toka ba ta gama hucewa ba, ranar 23 ga Fabrairu, aka soma sabon gini. Mai mulkin da ya sha da ƙyar yana bukatar abin da zai cika idon talakawa, shi ya sa aka yi aikin da gaggawar da ta wuce hankali: shekara biyar da wata goma, aka buɗe shi ranar 27 ga Disamba 537.

Mutum biyu da aka damƙa wa aikin, Antemiyus na garin Tiralis da Isidoros na Miletus, malaman lissafi ne da ilimin awon siffofi kafin su zama magina. Abin da suka sa a gaba shi ne haɗa abu biyu da ba su saba zama tare ba. Cocin wancan zamani dogon zaure ne mai kusurwa huɗu, ana shiga ta yamma a fuskanci gabas. Ƙubba kuwa da'ira ce, kuma a da akan ɗora ta a kan bango mai zagaye, kamar yadda aka yi wa Fantiyon na birnin Rum. Duk wanda ya kifa ƙwarya a bakin akwati mai kusurwa huɗu zai ga matsalar da idonsa: bakin ƙwaryar zai taɓa akwatin a wuri huɗu kacal, tsakiyar kowane gefe, kusurwoyin kuwa su zauna a buɗe, ba abin da ke tallafe da ƙwaryar a wurin.

Ga yadda suka yi. Sun kafa manyan ginshiƙai huɗu na sassaƙaƙƙen dutse a kusurwoyin fili mai kimanin mita 31 a kowane gefe, suka haɗa kowane biyu da ƙaton baka na jan tubali. Tsakanin baka da baka, a saman kowane ginshiƙi, akwai giɓi. Sai suka cike shi da gini mai kusurwa uku wanda tsininsa ke ƙasa a kan ginshiƙin, yana faɗaɗa yana lanƙwasowa ciki yayin da yake hawa, har saman guda huɗun ya haɗu da ƙololuwar bakunan ya zama zobe cikakke. A kan wannan zobe ƙubbar ta zauna. Nauyinta duka yana gangarowa ta waɗannan lanƙwasassun kusurwoyi zuwa ginshiƙai huɗu, don haka bangon da ke ƙarƙashin bakunan ba ya ɗauke da kaya, ana iya huda shi da tagogi yadda aka ga dama. An san dabarar kafin su a ƙananan gine-gine, amma ba wanda ya taɓa gwada ta a wannan girma.

Sai dai ƙubba ba ƙasa kaɗai take dannawa ba, tana kuma tura abin da ke ƙarƙashinta waje. Ta gabas da yamma maginan sun jingina mata rabin ƙubba biyu masu faɗi ɗaya da ita, su ma suna jingine da wasu ƙanana, abin da ya tsawaita zauren ya kuma tokare turin. Ta kudu da arewa babu wannan tokari, sai kaurin gini kawai, kuma nan ne raunin Aya Sofiya tun ranar farko. Ga shi kuma kwaɓin farar ƙasa da garin tubali da aka sa tsakanin tubala yana da kauri ƙwarai, yana daɗewa bai bushe ba, ana ta ɗora masa nauyi. Marubucin fada Furokofiyus ya ba da labarin yadda ginshiƙai suka fara gocewa tun ana cikin aiki. Bayan girgizar ƙasa ta 553 da ta 557, ƙubbar ta rufto ranar 7 ga Mayu 558.

Wani ɗan'uwan Isidoros, wanda ake kira Isidoros Ƙarami, shi ya sake ta. Ya gane cewa ta farkon ta cika faifayewa, kuma gwargwadon faifayewar ƙubba gwargwadon turinta waje, sai ya ƙara mata tsayi da kimanin mita 6. Aka sake buɗe cocin a Disambar 562. Ƙololuwarta na da tsayin mita 55 da ɗoriya daga daɓe, tana da haƙarƙari 40, da taga 40 a gindinta. Hasken da ke shigowa ta waɗannan tagogi yana ɓoye ginin da ke tsakaninsu, har mai kallo daga ƙasa ya ga kamar ƙubbar ba ta taɓa komai. Ita ma ba ta tsira ba. Ɓangarenta na yamma ya faɗi a girgizar 989, magini ɗan Armeniya mai suna Tirdat ya gyara. Na gabas ya faɗi a 1346. Ƙubbar yau faci ce ta ƙarni uku daban-daban, kuma ba cikakkiyar da'ira ba ce.

A ciki, an lulluɓe bango da fale-falen dutsen mabul da aka tsaga biyu aka buɗe kamar littafi, jijiyoyin dutsen na dama suna amsa na hagu. An kawo farin daga tsibirin Marmara, koren daga Tesaliya ta Girka, jan kuwa asalinsa Masar. Sama da nan an jera miliyoyin ƙananan gutsattsarin gilashi masu ruwan zinari. Adon zamanin Justiniyan galibinsa gicciye ne da zane-zane marasa siffar mutum. Hotunan mutane da masu yawon buɗe ido ke rububi sun zo ne daga baya, bayan rikicin haramta hotuna a coci da ya ƙare a 843. Hoton Maryamu riƙe da jariri da ke can gaba an ƙaddamar da shi a 867.

Kusan shekara ɗari tara nan ne mazaunin shugaban Cocin Otodoks na birnin, nan ake naɗa sarakuna. A nan ne kuma, ranar 16 ga Yuli 1054, wakilin Paparoma, Kadinal Humbat, ya ajiye takardar korar shugaban cocin a kan bagadi, lamarin da ake ɗauka alamar rabuwar Katolika da Otodoks. Masu ɗora duk ɓarnar ginin a kan Turkawa sukan tsallake shekarar 1204, lokacin da rundunar yaƙin Salibiyya na huɗu, Kiristocin Yamma, ta wawashe birnin da cocin, ta kwashe zinari da azurfa. Cocin ya zauna a hannun Katolika har 1261.

Sarkin Turkawa Muhammadu na Biyu, wanda ake kira Alfatih, ya ci birnin ranar 29 ga Mayu 1453, ya mai da cocin masallaci, ya sa shi cikin waƙafinsa. A kan wannan waƙafi kotun 2020 ta dogara. Labarin da ya bazu a kafofin sada zumunta cewa sarkin ya sayi ginin da kuɗin aljihunsa ƙari ne na baya. A al'adar yaƙin zamanin, babban wurin ibadar garin da aka ci da takobi na wanda ya ci ne. Tun da ginin bai fuskanci alƙibla daidai ba, mihrabin ya ɗan karkata dama, sahu ma haka. An ƙara hasumiyoyi ɗaya bayan ɗaya, kuma a ƙarni na 16 babban magini Sinan ya tokare ginin da manyan katangu daga waje, waɗanda da yawa daga masana ke ganin su suka hana shi durƙushewa. Nan ake gane inda kamannin ginin da masallatan Turkiyya ya samo asali. Masallacin Sulaimaniyya da Sinan ya gina tsakanin 1550 da 1557 tsarin Aya Sofiya ya ɗauka, ƙubba a tsakiya da rabin ƙubba gaba da baya. Abin da ido ya saba kira siffar masallacin Turkiyya daga wannan coci aka koyo shi.

Hotunan ma ba a kankare su ba. Da dama sun zauna a bayyane tsawon zamani bayan 1453, har Bafaranshe Girelo ya zana wasu a littafinsa na 1680, kafin a shafe su da farar ƙasa. A gyaran da Sarki Abdulmajid ya sa 'yan'uwa biyu, Fosati, suka yi daga 1847 zuwa 1849, an buɗe su, an kwafe su a takarda, an sake rufewa. A lokacin ne aka rataya faya-fayai takwas masu faɗin mita 7.5, rubutun Mustafa Izzat Efendi, ɗauke da sunan Allah, da Manzo, da halifofi huɗu, da Hasan da Husaini. Ba'amurke Tomas Witimo ya fara tone hotunan a 1931, gwamnatin Turkiyya a ƙarƙashin Ataturk ta zartar da mai da ginin gidan tarihi a 1934, aka buɗe a 1935. UNESCO ta sa shi cikin kayan tarihin duniya a 1985.

Tun 2020 an shimfiɗa darduma a daɓen, an sa labule gaban hotunan da ke wajen alƙibla. Cire kuɗin shiga ya jawo cunkoson da hukuma ba ta shirya masa ba, kuma a 2022 aka wayi gari an ɓantare wani sashe na katakon Ƙofar Sarki. Sai a Janairun 2024 aka ware wa baƙi hanyarsu ta benen sama, da kuɗin shiga yuro 25. Santambul tana kusa da tsagin ƙasa na Arewacin Anatoliya, wanda ya haddasa girgizar Izmit ta 1999, kuma a 2025 hukumomi suka fara babban aikin ƙarfafa ƙubbar da sabunta rufin darmar da ke kanta, ana aikin ana ci gaba da salla a ƙasa.