Kujerar Kishingiɗa a Ƙaramin Ɗaki

Ya ku masu karatu, duk wanda ya san ɗakunan haya na Fagge da Sabon Gari, daura da Titin Ibrahim Taiwo, ya san ƙuncinsu: ga gado, ga akwati, ga wurin shimfiɗa buzu. A irin ɗakin nan ne ɗa mai neman albarka kan kawo wa tsohonsa kujerar kishingiɗa, watau wadda bayanta ke kwantawa, gabanta ya ɗaga ƙafafu. Sai an biya kuɗi an sauke ta, sa'an nan a tarar bango ya tokare ta, ta ƙi kwanciya.

Dalili kuwa shi ne, an auna ta tana tsaye. Waɗansu 'yan uwa biyu a Amurka, Edwin Shoemaker da Edward Knabusch, su ne suka ƙera samfurin da ya shahara a 1928, na katako, domin shan iska a baranda, inda fili ba ya wuya. Har yanzu irin ta gargajiya tana son a bar mata wajen ƙafa 1 ko fiye tsakaninta da bango. Akwai kuma wata iri wadda mazauninta ke zamewa gaba bisa ƙarfe in an kishingiɗa. Ita inci 4 zuwa 6 ya ishe ta. Amma fa filin da ta bari a baya, a gaba take cinye shi. Kowace iri, in ta miƙe sosai, ta kan tasam ma ƙafa 6. Ɗaki mai faɗin ƙafa 10 ke nan saura ƙafa 4.

Saboda haka kafin ka yi ciniki, sa mai kanti ya kwantar da ita ƙarshen kwanciya, ka auna da igiya daga kai har ƙafa. Koma gida ka shimfiɗa igiyar a ƙasa, ka buɗe ƙofa, ka duba ko wurin salla ya tsira.

Ko wace iri ka saya, kada ka manna ta da bango, zama da damina laima kan sa fata da yadi su yi fumfuna, gugar yau da gobe kuma ta ci fenti, ta haɗa ka da mai gida. Mai aiki da lantarki, tambayi yadda ake tayar da ita in an ɗauke wuta, kada dattijo ya maƙale a kwance. A kuma tsare yara daga ƙarafan ƙarƙashinta, don suna datse yatsa.

In igiya ta nuna ɗakin ba zai ɗauka ba, a haƙura, daidai ruwa daidai tsaki. Kujerar katako mai tamfol, wadda ake naɗewa a jingine, kafintocin Kano sun iya ta, tana kuwa hutar da baya.

Allah ya ƙara wa iyayenmu lafiya.