Anatoly Solonitsyn: Ɗan wasan da ya yi shiru don ya iya magana

Masu kallon tsofaffin finafinan Tarayyar Sobiyet sun san fuskarsa: goshi mai faɗi, idanu a zurme kamar wanda ya kwana bai runtsa ba. Amma ka tambaye su sunansa, sai a shiga kallon-kallo.

An haifi Solonitsyn a 1934 a garin Bogorodsk na Rasha. Mahaifinsa ɗan jarida ne, ya raɗa masa suna Otto. Da Jamus ta afka wa ƙasar a 1941, sunan ya zame wa yaron kaya saboda kamarsa da na Jamusawa, dole ya koma Anatoly.

Da gyaran sikeli ya fara neman abinci, a wata masana'anta a Saratov. Sau uku yana neman shiga makarantar wasan kwaikwayo ta GITIS a Mosko, sau uku ana ce masa ya ƙara gaba. A Sverdlovsk, wato Yekaterinburg ta yanzu, ya samu ya koyi sana'ar.

A can ne ya ci karo da rubutaccen labarin fim ɗin Andrei Rublev a wata mujalla. Babu wanda ya kira shi. Ya yanki tikiti da kuɗinsa, ya je Mosko ya ce wa darakta Andrei Tarkovsky shi ne ya dace da rawar. Manyan kamfanin fim ɗin ba su so ba, don ba wanda ya san shi, amma Tarkovsky ya kafe.

A labarin, Rublev mai zane ne da ya ɗauki alkawarin daina magana na tsawon shekaru. Don muryarsa ta fito a dushe ranar da zai buɗe baki, sai Solonitsyn ya naɗe wuyansa da mayafi, ya yi makonni bai ce uffan ba. An kammala fim ɗin a 1966, amma hukuma ta riƙe shi har 1971 kafin 'yan ƙasar su gani.

Tun daga nan Tarkovsky bai sake shi ba: Solaris a 1972, Mirror a 1975, Stalker a 1979. A 1981 ya ci kyautar gwarzon ɗan wasa a bikin finafinai na Berlin, da rawar marubuci Dostoyevsky.

Sai dai ba a nan take ba, wai an danne bodari ta ka. Sankarar huhu ta riga ta kama shi. Tarkovsky ya tanadar masa babbar rawa a fim ɗin Nostalghia da za a ɗauka a Italiya, amma Oleg Yankovsky ne ya hau ta. Solonitsyn ya rasu a watan Yunin 1982 yana da shekara 47. Bayan shekara huɗu, cutar nan dai ta ɗauke Tarkovsky.

A maƙabartar Vagankovo ta Mosko, siffar Rublev ce aka sassaƙa a kan kabarinsa, rawar da ya je ya roƙa da bakinsa.