Ƙwararru Sun Zo Koya Wa Manomin Kunci Noma

Duk wanda ya ratsa ƙasar Kunci da bazara zai ga jakuna ɗauke da mangalar taki suna nufar gona. Ƙasa ce mai cunkoson jama'a, ba a barin gona ta huta, amma kaka da kakanni suna shuka gero da dawa da wake da gyaɗa a gona guda, suna ci suna ciyarwa. To, wannan manomi ne aka ga ya kamata a ɗauko masa malamai daga ƙetare.

An soma gwajin a Funtuwa da Gusau da Gombe a 1975. A farkon shekarun 1980 abin ya iso Jihar Kano, aka kafa hukumar KNARDA da kamfanin KASCO mai sayar da kayan noma, da rancen Bankin Duniya na dala miliyan 142. Mai karatu ya lura, rance muka ce. A bakin masu jawabi ne kaɗai ake kiransa taimako.

Sai ga motoci sababbi fil, ga gidaje masu na'urar sanyi, ga Turawa da manyan taswirori. Aka ce wa manomi haɗa shuka ƙauyanci ne, ya shuka iri ɗaya, ya zuba takin zamani. Alhali tun kafin nan masu bincike a Samaru, irin su David Norman, sun nuna cewa haɗa shukar ya fi riba, ya kuma fi tsare gida daga yunwa in damina ta yi gardama. Ashe ɗalibin ya riga malamin sani.

Ba ma musun an haƙa rijiyoyin burtsatse, an yi hanyoyin karkara. Amma da tsarin SAP ya zo a 1986, naira da ta fi dala daraja lokacin cin bashin ta faɗi warwas, bashin ya kumbura. A 1997 aka janye tallafin taki. Ƙwararru kuwa tuni sun koma gida da ladansu.

Abin dariya, daga baya wasu ƙwararrun suka iso da sabuwar hikima: a haɗa shuka, a zuba takin gargajiya. Manomin Kunci ya yi godiya, ya kora jakinsa.

Ku ma'aikata da ɗalibai, gobe ku ne masu sa hannu. Kafin ku sa, ku tambaya: wa zai biya, kuma wa aka shawarta? Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.